Sawu a Ƙarƙashin Kasko

Ditta mai madara ne ya tsinci Sugra a bakin magudanar ruwa, kwance a gindin bagaruwa, ƙafarta ta dama a ragargaje daga gwiwa zuwa ƙasa. Rana ba ta fito ba, farin hazon hunturu ya rufe ko'ina har mutum ba ya ganin hancin babur ɗinsa. Ya watsar da tulunan madara a hanya, ya ɗaure ta a bayansa da rawaninsa, ya yi asibiti da ita. Kafin la'asar likitocin birnin Bahawalpur sun yanke ƙafar. Shekararta tara, kuma 'yar ƙanwata Baktan ce, don haka kada wani ya nemi in ba da labarin nan da sanyin rai.

Tarakta ce ta taka ta tana kai wa kakanta kindirmo gona, wannan kowa ya gani a ƙasa. Wanda ke tuƙi ne ba a sani ba. 'Yan sanda suka ce mu kawo lamba, kai ka ce akwai taraktar da ta taɓa ɗaura lamba a ƙasarmu. In babu mai laifi babu diyya, ko a kotu ko a gaban dattawa. Ga likita ya gaya mana akwai ƙafar roba, amma yarinya mai tasowa sai an riƙa sake mata wata tana girma. Ubanta Kadim direban haya ne, yana jan rake a taraktar wani babban mai gonaki, Malik Sarfaraz, ba shi da ko taku ɗaya na gona. Daga layin kamfanin sukari aka je aka ɗauko shi, inda tireloli ke kwana da kwanaki kafin a auna. Tun da ya shiga asibitin bai fito ba, bai ci ba, bai yi magana ba. Ban taɓa ganin girman mutumin nan ba tun da ya auri ƙanwata, amma ranar ya ba ni tausayi.

A garinmu Jalwala kuwa ba a jira bincike ba. Kowa ya nuna gabas da baki, wajen Kikarwala, mutanen da muka gaji rigimar ruwa da su tun kakanni. Ni ne kan gaba wajen cewa a je a ƙone musu rake. Dattawa suka zaunar da ni, suka sa aka kewaye wurin da ƙaya, suka ce in hau babur in shiga hamadar Rohi in ɗauko Jindwada mai bin sawu. Doka ce tsohuwa a wajenmu: in aka bi sawun ɓarna ya shiga gari, mutanen garin su fitar da shi ta ɗaya gefen, ko su miƙa mai shi, ko su biya.

*

Jindwada tsoho ne ƙanjamamme, baƙi kamar gindin tukunya, da sanda da bargo mai warin raƙumi. Tun a hanya ya fara yi mini faɗa.

"Kai, Rabnawaz, babur kake tuƙawa ko da shi kuke dambe?"

"Baba, sauri nake."

"Ƙasa ba ta gudu. In ka kayar da ni kuwa, sai ka bi sawun da kanka."

Da muka isa ya kori kowa, ya tsuguna, ya yi ta zagaye kamar kaza mai neman wurin ƙwai. Ni kuwa jinina na tafasa. Can ya yafito ni da sanda.

"Tarakta ce ba tirela a bayanta. Gudu yake. Nan ya taka birki, bayan ya riga ya yi ɓarnar. Nan ya diro, ba takalmi."

"Duk direbobi haka suke, sai sun tuɓe suke jin kuloci."

"Na tambaye ka? Nan ya durƙusa, gwiwa biyu. Nan ya tashi da nauyi a hannu, dubi yadda diddigen ya nutse. Ya kwantar da ita a gindin itacen. Ya tsaya. Ya je ya dawo, ya je ya dawo. Sai kuma ya kwasa da gudu ya hau."

"Wato ya ɗauke ta da hannunsa sannan ya gudu ya bar ta?"

"Matsoraci ne mai tausayi. Sun fi mugaye yawa."

Ya nuna mini sawu ɗaya a laka mai ɗan tauri, na ƙafar hagu. Babban yatsan ya kauce ya hau kan na kusa da shi, gefensa kawai ke taɓa ƙasa. Ya sa aka kawo kasko ya kife a kai, ya ɗora dutse, ya ce duk wanda ya ɗaga Allah ya isa.

Ditta na nan tsaye, har yanzu yana jimamin madararsa. Jindwada ya tambaye shi wa ya ɗaure ƙafar.

"Wallahi a ɗaure na same ta, Baba, da ɗankwalinta, ɗauri mai ƙarfi. Na dai ji ƙugin tarakta tana yin gabas cikin hazo."

"Da kiɗa?"

"Shiru. Shi ya ma ba ni mamaki. Direban da bai kunna waƙa ta fasa wa mutane kunne ba, ai ko mara lafiya ne ko mara gaskiya."

Wani mai shayi a kan gada, Gama sunansa, ya rantse ya ga taraktar da idonsa. Ja ce, in ji shi. Na ce masa duk taraktocin ƙasar nan ja ne, har da ta ubansa in da yana da ita. Direban fa? Ya lulluɓe da bargo. Dogo ne ko gajere? A zaune yake. Ya karɓi kuɗin shayi biyu a kan wannan.

*

Sawun tayar ya kai mu har bakin Kikarwala, kamar yadda muka faɗa tun farko. A nan garken ɓaunayen da suke kiwo ya bi ta kai ya tattake komai, daga can kuma titin bulo ne da ya miƙe zuwa kamfanin sukari. Mai garinsu, Ashik, ya fito yana gyara gashin baki.

"Dabba ba ta san sawu ba, kowace safiya nan suke bi."

Na ce, "Da gangan kuka kora su!"

"Wannan wa ya kwance shi? Baba Jindwada, da kai zan yi magana."

Jindwada ya dasa sandarsa a ƙasa. "Sawu ya shigo garinku. Ku fitar mini da shi."

Ba su iya ba. Kuma muna tsaye na hango tarakta a ƙofar wani gida, ba tirela, an wanke ta fes har tana ɗigar ruwa. A tsakiyar kakar rake, wa ke da lokacin wanke tarakta? Ta Manzur ce, mai gona 'yar ƙarama da 'ya'ya mata huɗu. Ya ce tirelarsa ta karye tun makon jiya, wankin kuma na bikin ƙanensa ne, za a ɗauki 'yan rakiyar ango.

"Ina kake da asubar ranar?" in ji Jindwada.

Manzur ya dubi mai gari, ya dubi ƙasa. "Ina inda nake."

"Ina ne nan?"

"Ba zan faɗa ba."

Ban san lokacin da na shaƙe masa wuyan riga ba. Na ce ya tuɓe takalmi a nan take. Sandar Jindwada ce ta sauka a hannuna, har yau ina jin wurin in sanyi ya shigo.

"Ba a tuɓe wa mutum takalmi a ƙofar gidansa kamar ɓarawon akuya. Ni ma ba ƙafa nake kallo ba, ƙasa nake kallo. A share yashi a gaban dattawa, kowa ya taka."

Aka sa ranar Juma'a bayan masallaci, a filin hubbaren da ke tsakanin garuruwan biyu. Ashik ya ɗaga hannu ya ce in sawun ya fito a cikinsu, Manzur zai ba da rabin gonarsa a rubuta da sunan yarinyar, gari kuma ya ɗauki nauyin ƙafar roba har ta girma. Na koma gida kamar an riga an ba mu.

*

Kafin ranar Jindwada ya ce in kai shi ya ga yarinyar. Ya shiga asibitin yana ɗaga ƙafa kamar mai tsallake kwata, yana ƙunƙuni wai siminti kurma ne, ba ya gaya wa mutum komai. Baktan na zaune a bakin gado, idanunta sun kumbura. Kadim na rakuɓe a lungu da safa da takalmi, ya haɗa kai da gwiwa. Sugra ta rame, bargo ya kwanta shafe a inda ƙafa ya kamata ta ɗaga shi. Na kasa kallon wurin.

"Jikata," in ji Jindwada, "kin ga mutumin?"

Ta girgiza kai.

"Kin ji muryarsa? Ya ce wani abu yana ɗaure miki ƙafa?"

Ta juya fuska bango. "Ban ji komai ba."

"Ku bar ta haka, don Allah," in ji Baktan. "Yaya, ka ce za su biya?"

"Za su biya ko su ga wuta. Sugra, ƙafa za a yi miki wadda ta fi ta kowa, har da takalmi mai ƙyalli."

Ba ta yi dariya ba. Jindwada ya daɗe yana duban ƙeyarta, sannan ya ja bargonsa muka fita. A hanya na tambaye shi me ya gani, ya ce ya ga ina son in jefa shi a rami da babur.

*

Ranar Juma'a filin ya cika har kan itatuwa. An jera gadajen igiya, dattawan Jalwala a wannan gefe, na Kikarwala a wancan, Malik Sarfaraz a tsakiya da farar rigarsa, ya zo tsaya wa direbansa. Aka kawo yashin kogi aka zuba, aka yayyafa ruwa.

A ƙa'ida ɓangaren da aka cuta ne ke share yashin, don kada gobe a ce an yi maguɗi. Mai sharewa yana tuɓe takalmi, ya ja katako da igiya yana tafiya da baya, katakon na shafe takunsa. Na miƙe zan yi, wani dattijo ya ce in zauna.

"Kawu ba ya shiga gaban uba. Kadim, tashi."

Da ƙyar aka rabo shi da asibiti ranar. Ya tsaya kamar bai ji ba, sai da aka maimaita. Ya zare takalmi da safa, ya ja katakon daga wannan kai zuwa wancan, ya ajiye, ya koma gefe. Duk wannan Jindwada na zaune ya ba filin baya, an lulluɓe masa kai da bargo.

Duk mai tuƙa tarakta a Kikarwala ya taka ya wuce, aka cakuɗa su da wasu da ba ruwansu. Manzur na tafiya, matarsa na kuka a bayan katanga. Aka yaye wa tsohon bargo.

Ya bi layin a hankali, yana taɓa bakin kowane sawu da sanda. Ya tsaya a kan ɗaya.

"Mai wannan ya fito."

Manzur ya fito kamar wanda za a yanka.

"Na san ƙafar nan. Na gan ta a bakin makwararar ruwan Jalwala, da shebur a gefenta, ta safiyar nan da muke magana. Ruwan mutane ka je sata ba ranar rabonka ba. Wannan tsakaninka da dattawa. Amma ba kai ka taka yarinya ba."

Wuri ya kaure, wasu na dariya wasu na zagi. Jindwada bai kula ba, ya ƙarasa layin ya ce babu mai sawun a cikin waɗanda suka taka. Na fara ihu cewa sun ɓoye wani, a kawo sauran, a kawo har na goye. Shi kuwa ya ci gaba da tafiya har ƙarshen yashin, inda aka ajiye katako. A nan akwai taku biyu ko uku da katakon bai bi ta kansu ba, na wanda ya ja shi.

Ya tsaya a kai. Ya daɗe yana kallo. Na matsa kusa, na leƙa ta kafaɗarsa. Ƙafar hagu ce, babban yatsan ya kauce ya hau na kusa da shi. Shekara goma da ɗoriya ina cin abinci a faranti ɗaya da mutumin nan, ban taɓa duban ƙafarsa ba.

Na riƙe hannun tsohon, na yi ƙasa da murya. "Baba, ka ce ba ka gani ba. Sawu ya shiga garinsu ba su fitar ba, dole su biya. Yarinya ce, Baba. Ka gan ta."

"Na gan ta. Na ga 'ya'yan Manzur ma, su huɗu." Ya zare hannunsa. "Kadim, zo nan, ɗana. Kai za ka faɗa ko ni?"

Kadim ya tako har tsakiyar yashin, ya zube a kan gwiwoyinsa.

"Ni ne."

Malik ya ce, "Kai wa? Tirelata tana layi, kowa ya gan ta."

"Tirela tana layi, ranka ya daɗe. Kan taraktar na cire. In layi ya tsaya duk haka muke yi, mu je mu yi wa wani huɗa mu dawo kafin a matsa. Can yamma da garinmu na je. Ina sauri in koma, na kashe waƙa don kada a gane ni ta bayan gari. Ban gan ta ba. Wallahi ban gan ta ba sai da na sauko na juya fuskarta." Ya dafa yashi da hannu biyu. "Na ɗaure, na ɗauka, na rasa inda zan yi. Sai na ji babur ɗin Ditta, na ce ya fi ni sauri, na ajiye ta inda zai gani. Daga nan ban san me ya hau kaina ba, na tsinci kaina a kan tarakta."

"Da ka dawo hankalinka fa?" in ji Ashik. "Ka bari za a yanka gonar bawan Allah?"

"Na yi niyyar faɗa. Sai na ji ana cewa za a yi mata ƙafa, za a ba ta gona. Ni me zan ba ta? In na yi magana ta tashi ba ƙafa ba komai. Na ce gara Allah ya kama ni ni kaɗai."

Na ɗaga katakon nan sama, kuma na rantse da na sauke masa a ka. Mutum uku suka riƙe ni. Ban taɓa jin ƙiyayya da tausayi sun haɗu mini lokaci ɗaya irin na ranar ba.

Shari'ar ba ta ɗauki lokaci ba. Aka je aka ɗaga kasko, dattawan ɓangare biyu suka duba suka dawo ba mai musu. Ashik ya ce sawu ya fita daga Kikarwala, ya kaɗe rigarsa. Malik ya ce shi bai aiki kowa huɗa ba, da man taraktarsa ma aka yi, kuma daga yau Kadim ya nemi wani ubangidan. Na roƙe shi, ni da ban iya roƙo ba, na ce taraktarsa ce dai ta yi ɓarnar. Ya ce in wani ya saci wuƙata ya yanka ɗansa, ni zan biya? Babban dattijonmu ya yi ta jan gemu, daga ƙarshe ya ce diyya mai laifi ke ba uban yarinya, to ga mai laifin ga uban a riga ɗaya, su ba su san yadda ake wannan hukunci ba. Aka shafa fatiha aka watse. Jindwada ya karɓi ladansa bai ƙirga ba, ya ce kada in kai shi, zai hau mota.

*

Na isa asibitin da la'asar. Labari ya riga ni, na tarar Baktan ta fita tsakar gida tana kuka a jikin bango, mata sun kewaye ta. Sugra na kwance ita kaɗai, tana wasa da bakin bargo. Na zauna a bakin gadon.

"Kawu, sun gane, ko?"

Na dube ta. "Sun gane me?"

"Babana ne."

"Wa ya gaya miki?"

"Ba kowa. Yana ɗaure mini ƙafa yana kiran sunana, yana cewa in buɗe ido. Na ji shi."

"To don me tsohon nan ya tambaye ki kika ce ba ki ji ba? Shi ya hana ki?"

"A'a. Bai ma san na sani ba." Ta sunkuyar da kai. "Na san halinka. Na ce za ka kashe shi."

Na kama hannunta, ɗan ƙarami, duk tabon allura.

"Ka dake shi?"

"Ban dake shi ba."

Ta yi ajiyar zuciya, ta gyara kwanciya, har ta ɗan yi murmushi. Ta kalli inda bargon ya kwanta shafe. Sai ta ɗago.

"To Kawu, yanzu wa zai saya mini ƙafar?"